Bututun ruwan Bell da abin da ya koya mini

A karatuna na raya karkara, babu misalin da ya tsaya mini a rai kamar na ƙauyen Bell, a jihar Oklahoma ta Amurka. Mutanen Cherokee, ɗaya daga cikin ƙabilun asali na Amurka, su ne mazaunansa, jikokin waɗanda gwamnati ta kora daga ƙasarsu ta gado a 1838, dubbai suka mutu a hanya. Har farkon shekarun 1980, gidaje da yawa a Bell ba su da ruwan famfo, aikin yi kuma sai an tona.

Wilma Mankiller, ma'aikaciyar hukumar Cherokee a lokacin, ba ta je musu da shirin da aka rubuta a ofis ba. Zama ta yi ta yi da su, tana tambayarsu abin da ya fi ci musu tuwo a ƙwarya, suka ce ruwa. Aka ƙulla yarjejeniya: hukuma za ta nemo kuɗin kaya da injiniyoyi, su kuma su kawo ƙarfinsu. Maza da mata suka yi ta haƙa, har suka shimfiɗa bututu na mil 16, ba wanda ya karɓi ladan aiki.

Ba sabon abu ta koya musu ba, kuma nan ne darasin yake. Tun kaka da kakanni Cherokee suna da gadugi, aikin da gari ke haɗuwa a yi wa juna, a nome gonar tsoho ko gwauruwa, a gina wa mara ƙarfi ɗaki, a haƙa kabari idan an yi rashi. Duk wanda ya san gayya zai gane shi nan take. Al'adar tana nan da ranta, masu kawo tallafi daga waje ne ba su taɓa tambaya ba, domin sun riga sun yanke cewa talaka ba shi da abin bayarwa.

Wannan ya sauya yadda nake rubuta rahoton fita fili. Kafin in lissafa abin da gari ya rasa, sai na gano wa ke tara mutane idan rijiya ta rufta, da yadda ake raba aikin. Ya kan ɗauki lokaci, wani zubin ma malamai su ga kamar jan ƙafa ne, amma rijiyar da mutane suka haƙa da hannunsu ba sa barinta ta lalace.

A 1985 Mankiller ta zama mace ta farko da ta shugabanci al'ummar Cherokee, ta riƙe muƙamin har 1995.