Abin da Jiran Maki Ya Koya Mini Game da Fushin da Ba a Furtawa

Aikin jami'in jarrabawa a makarantar sakandare aiki ne na jiran mutane. Ba kai ka koyar da lissafi ba, ba kai ka duba takardun Turanci ba, amma katin sakamakon yaro ba zai fita ba sai kowane malami ya miƙo maka makinsa, na gwaji da na jarrabawa. Malami ɗaya ya riƙe nasa, aji guda ya tsaya cak. Shi ya sa duk wani ɓacin rai da ke yawo a ɗakin malamai, wanda aka faɗa da wanda aka haɗiye, ƙarshen zango a kan teburina yake sauka.

Sabon shiga wannan aiki yakan ɗauka jinkirin maki daga lalaci yake zuwa, ko daga yawan takardu. Wani lokacin haka ne. Amma akwai wani irin jinkiri na daban, wanda mai shi yake da lokaci, yake da ƙwarewa, kuma bai taɓa ce maka a'a ba. "To, Malam." "Gobe in sha Allahu." "Ai saura kaɗan." Irin wannan jinkirin saƙo ne, kuma sau da yawa ba kai aka aiko wa ba. An bar jaki ne ana dukan taiki.

Wanda ya fi tsaya mini a rai shi ne na wata malama da ta fi kusan kowa daɗewa a makarantar da nake aiki. Kujerar shugaban sashe ta faɗi, aka ɗauka aka ba wani matashi wanda ita ce ta koya masa yadda ake tsara darasi lokacin da ya zo. Ba wanda ya kira ta ya faɗa mata tun da wuri. A allon sanarwa ta gani, kamar kowa. Ta je har teburinsa ta ce, "Allah ya taya riƙo," ya ce, "Amin, Malama, sai da addu'arku." Daga ranar ba ta taɓa saɓa masa da baki ba. Sai dai in ya kira taron sashe, tana shigowa ne daidai lokacin addu'ar tashi. In ya nemi tsarin darussan zango, nata ne na ƙarshe. Makinta yakan iso mini bayan na kowa, kuma da wuya ka rasa gurbin da aka bari babu komai, dole a mayar. Da daddare kuma sitatus ɗinta na WhatsApp ya ce, "Duniya rawar 'yan mata, na gaba ya koma baya." Kafin gari ya waye nasa ya amsa, "Hassada ga mai rabo taki ce." Ɗakin malamai kaf yana karanta duka biyun. Da safe su gaisa cikakkiyar gaisuwa, ya gida, ya yara, ya ƙoƙari, kamar babu komai a ƙasa.

Waɗanda suka biya kuɗin wannan rigima yara ne 'yan aji biyar, da suka tafi hutu ba tare da sakamako ba, da iyayen da suka yi ta zarya bakin ofis. Babu ko ɗayansu da ya san an naɗa wani shugaban sashe.

Likitocin ƙwaƙwalwa sun daɗe da lura da wannan hali, kuma inda suka fara rubuta shi ya ba ni haske ƙwarai. A 1945, ƙarshen Yaƙin Duniya na Biyu, Ma'aikatar Yaƙi ta Amurka ta fitar da wata takarda ga likitocin soja, wadda ake danganta ta da likita William Menninger. A ciki aka siffanta sojojin da ba sa bijire wa umarni a fili, amma suna yaƙarsa ta hanyar ɓata rai, taurin kai, jan ƙafa da lalata aiki da gangan. A 1952 halin ya shiga kundin cututtukan ƙwaƙwalwa na ƙungiyar likitocin ƙwaƙwalwa ta Amurka, a 1994 kuma aka cire shi daga jerin cututtukan da aka tabbatar. Ni dai abin da na riƙe shi ne wurin da aka fara ganinsa: bariki, inda kurtu ba shi da ikon ce wa hafsa a'a. Wani masani ɗan Amurka, James Scott, da ya zauna a wani ƙauyen manoman shinkafa a Malesiya a ƙarshen shekarun 1970, irin abin da ya tarar ke nan. Talakan da ba zai iya tunkarar mai gona ba yana da nasa makaman: ya yi jinkiri, ya nuna bai gane ba, ya amsa da to amma ya ƙi yi, ya yi gulma a bayan ido.

Wannan ya sa na daina ganin masu wannan hali a matsayin mugaye kawai. Yawancinsu mutane ne da aka toshe wa ƙofar magana, ko suka yi imani a toshe take. Malamin da ke kan kwantiragi, wanda ya san ana iya sallamarsa da takarda mai layi biyu, ba zai tashi a taro ya ce jadawalin nan an zalunce ni ba. Ƙaramin malami da aka tarbiyyantar a kan kada ya haɗa ido da babba ba zai ce wa sa'ar mahaifiyarsa ta gyara aikinta ba. Ita kuma babbar tana ganin zubar da girma ne ta buɗe baki ta ce an ɓata mata rai saboda kujera. Kowa ya yi shiru, kowa na ganin shirunsa ladabi ne.

A nan ne nake ganin muna ruɗin kanmu, domin muna da kyawawan ɗabi'u da suke kama da wannan hali a ido. Kawaici abu ne mai daraja, haka kara, haka haƙuri. Na ga malamai da aka yi wa ba daidai ba suka kau da kai da gaske, suka ci gaba da aikinsu yadda suka saba, ba su kuma tayar da zancen ba ko a bayan ido. Wannan shi ne kawaici, kuma ina girmama masu shi fiye da yadda zan iya faɗa. Amma wanda ya ce ba komai, sannan ya sa ka biya bashin a hankali, ta hanyar aikin da ya riƙe da fuskar da ya ɗaure da maganar da ya jefa a kasuwa, wannan bai yi kawaici ba. Gaba yake yi da kai, ya dai bar gaisuwa a kai ne don kada a kama shi da laifi. Ma'aunin da nake amfani da shi yanzu mai sauƙi ne: in shirun mutum ya fara fitowa a cikin aikinsa, to akwai maganar da ta kamata a yi ba a yi ba.

Habaici ba baƙo ba ne a wurinmu. Yana cikin waƙar daka ta mata, yana jikin manyan motoci da bayan A Daidaita Sahu, yana bakin maroƙa. Abin da waya ta ƙara shi ne sauƙi da yawan 'yan kallo. WhatsApp ya kawo shuɗin maki mai nuna an karanta saƙo a 2014, daga nan ƙin amsawa ya zama amsa mai zaman kanta. A 2017 ya kawo sitatus mai ɓacewa bayan awa 24, wato zagi a kasuwa wanda yake share sawunsa da kansa. A 2018 sitika ta zo. Yau a zauren malamanmu, in firinsifal ya rubuta cewa kowa ya zo aiki ranar Asabar, ba mai cewa uffan. Sai wani ya turo fuskar marigayi Rabilu Musa Ibro yana zare ido, wani ya biyo da ta Osita Iheme ya yi tagumi. An yi dariya, an huce kaɗan, kuma ba wanda za a iya riƙewa da cewa ya yi magana.

Hotunan barkwancin da suka zagaya duniya ma da yawansu a kan wannan hali aka gina su. Akwai na kwaɗon nan Kermit yana kurɓar shayi, wanda ya yi tashe a 2014: a jefa baƙar magana, sannan a rufe da cewa amma fa ba ruwana. Akwai na karen da ke zaune da kofinsa a ɗakin da wuta ke ci, yana cewa komai lafiya, wanda mai zane KC Green ya yi a 2013. Na farko shi ne mai habaici, na biyu shi ne mai gudun magana, kuma dukansu ina ganinsu da idona kowane zango. Ban ƙi waɗannan hotuna ba. Malamin da albashinsa ya makara yana da haƙƙin ya yi dariyar da za ta sauƙaƙa masa. Damuwata ita ce sun fara maye gurbin maganar kanta. Mutum ya tura sitika ya ji kamar ya faɗi abin da ke ransa, alhali wanda aka yi dominsa ko dai bai gane ba, ko ya gane ya yi kamar bai gane ba, kuma ranar Asabar ɗin tana nan yadda take.

Ga kuma rashin tabbas na alama. A 2023 wata kotu a lardin Saskatchewan na Kanada ta yanke wa wani manomi hukuncin biyan sama da dalar Kanada 82,000, saboda ya amsa hoton takardar ciniki da alamar babban yatsa. Shi ya ce nufinsa ya ga saƙon, alƙali ya ce amincewa ce. In alama ɗaya za ta raba manomi da alƙali haka, ina ga malamai biyu da zuciyarsu ta riga ta ɓaci? Tun da na ji wannan labari, duk abin da ya shafi ranar miƙa maki nake roƙon a amsa mini da kalmomi, ko da biyu ne.

Kada a ɗauka na ƙasa ne kaɗai ke wannan. Shugabanni sun fi kowa iya shi, kuma nasu ya fi ciwo. Shugaban da ke tsoron tunkarar malami ɗaya mai makara sai ya tara mutum talatin ya ce, "Akwai wasu malamai a nan da suke ganin sun fi ƙarfin doka." Mai laifin ya gyara zama ya ce ba da shi ake ba. Mai ƙoƙarin da ya makara sau ɗaya saboda ɗansa ba lafiya ya koma gida da ƙunci. Wasu kan kafa hujja da cewa Manzon Allah (SAW) yakan hau mumbari ya ce me ya sami wasu mutane suke yin kaza, ba tare da ambaton suna ba. Gaskiya ne. Amma shi yana sakaya sunan ne don ya rufa wa mai laifi asiri, yana kuma bayyana laifin ƙarara don kowa ya san abin da za a gyara. Namu akasin haka ne: laifin a dunƙule, mutumin kuma kowa ya san shi. Addinin da ya ce shi nasiha ne, ya kuma haramta wa Musulmi ƙaurace wa ɗan'uwansa fiye da kwana uku, bai bar mana wurin fakewa da murmushi muna gaba zango guda ba.

Abin da ya ƙara mini ƙarfin gwiwa shi ne al'adarmu ba ta rasa hanyar faɗin gaskiya mai ɗaci ba. Wasan da ke tsakanin Barebari da Fulani, ko Kanawa da Zagezagi, ko taubasai, ko jika da kaka, hanya ce da za a gaya wa mutum abin da ba ya son ji a gaban idonsa, ya yi dariya, ya rama nan take. A Nijar ma wannan wasa ya shiga jerin al'adun da UNESCO ta amince da su a 2014. Bambancinsa da sitatus shi ne ana yinsa fuska da fuska, kuma wanda aka yi wa yana da damar amsawa. Haka kuma muna da aiken dattijo. Wanda ya ce dole sai ka tsaya ƙiri-ƙiri ka faɗa wa babba laifinsa bai san mu ba. Tura mutumin da ake jin nauyinsa ba tsoro ba ne, matuƙar saƙon da ya kai cikakke ne, da sunan mai shi a kai.

Ta wannan hanyar maganar malamar nan ta warware. Malamin Islamiyya na makarantar, dattijo ne da su biyun ke kira Baba, ya zaunar da matashin ya ce masa ya je ya same ta ita kaɗai, ba a ɗakin malamai ba. Ya je. Daga baya shi da kansa ya gaya mini abin da ya faɗa: "Malama, ni ɗalibinki ne a aikin nan. Na san ba a kyauta miki ba da kika ga sanarwar a allo. In akwai abin da na yi, ki faɗa mini." Ta yi magana mai tsawo, kuma yawancinta ba a kansa ba ne, a kan hukumar makaranta ce da ba ta ga ya dace a kira ta ba bayan shekarun da ta yi. Ba su zama aminai ba, kujerar ma ba a ba ta ba. Amma makin zangon da ya biyo baya ya iso cikin na farko, babu gurbi ko ɗaya.

Ni kuma na canza yadda nake bin maki. Ba na rubuta tunatarwa a zaure da "wasu malamai" a ciki. In na ga jinkirin da bai yi kama da na yawan aiki ba, nakan taka in je wurin mutum, in gaishe shi yadda ya kamata, in ambaci ajin da ranar da yaran za su tafi, sannan in tambaye shi ko akwai abin da ke damunsa da ya kamata in kai gaba. Wasu sukan ce babu, in karɓa a haka. Wasu sukan faɗa, kuma in na yi alkawarin kaiwa ofishin firinsifal nakan kai, in dawo musu da amsa ko da ba mai daɗi ba ce. Har yanzu ina roƙon hukumar makarantar ta ware zama ɗaya a tsakiyar kowane zango, wanda malamin kwantiragi zai iya cewa jadawalinsa ya yi nauyi ba tare da ya ji tsoron takardar sallama ba.