Mai tsara fasalin fim ɗin yara

Jama'a barkanmu da warhaka. Satin da ya wuce na raka ƙanwata wajen ɗaukar wani gajeren fim na yara nan Argungu, ɗanta yana cikin fim ɗin, kuma wallahi wanda ya fi burge ni shi ne mai tsara fasalin fim ɗin, wato duk abin da ido zai gani a kyamara yana wuyansa, ɗaki, launi, kayan wasa, har tabarmar da za a zauna.

Labarin ɗan masunci ne, to tun kafin ranar ɗauka ya karanta labarin ya zana komai a takarda suka zauna da darakta da mai ɗaukar hoto da mai sutura suka daidaita. Ya sa an yi homa da gora irin na masu su a kogin Matan Fada amma ƙanana daidai hannun yaro. Sai na ga ya durƙusa yana duba ɗakin daga tsayin yaran, ya sauko da abubuwan da ke rataye, ya cire ƙusa, ya rufe wayoyin lantarki, ya ce a matsar da fitila don kar zafinta ya dami yara. Ni uwa ce, nan hankalina ya kwanta.

A Amurka tun 1929 ake ba masu wannan aiki kyautar Oscar, mu kuwa sau da yawa falon wani ake ara a ɗauka yadda aka same shi, kuma abin yana damuna sosai. Muna da masu zane da kafintoci da teloli a Birnin Kebbi da Gusau da za su iya, don Allah furodusoshi ku riƙa ware musu kuɗi a kasafi.