Goggon Turawa

A ɗakin Hajiya, kakata, a Ƙofar Ƙaura na fara sanin Maggie Smith, 'yar wasan fim ta Ingila. Ranar babu wuta, na kunna Downton Abbey, wani shiri mai dogon zango da ta fito a ciki, a kwamfuta da ɗan cajin da ya rage. Hajiya ba ta jin Turanci ko kalma ɗaya, amma da tsohuwar nan ta ɗaga gira ta watsa wa wata harara, sai ta ce, "Kai ɗan nan, wannan ai Goggon Turawa ce, kalli yadda take yanka mutum ba wuƙa." Shi ke nan suna ya bi ta a gidanmu.

Daga baya na bi tarihinta. An haife ta a Ilford ta Ingila a 1934, ta hau dandamalin wasan kwaikwayo a Oxford a 1952 tana 'yar shekara 17. Kyautar Oscar biyu ta ci, a 1970 da 1979, Sarauniya kuma ta ba ta sarautar Dame a 1990. Yaran unguwarmu dai fitowarta a matsayin Farfesa McGonagall a fim ɗin Harry Potter kawai suka sani.

Abin da ya fi taɓa ni, tana fama da cutar dajin mama, tana shan magani mai karya jiki, amma ba ta bar ɗaukar fim ɗin ba.

Da ta rasu a Satumbar 2024 tana da shekara 89, na je na gaya wa Hajiya. Ta yi shiru, can ta ce, "Ashe ta girme ni da biyu."