Tarihin Rayuwata, Kashi na 17: Tsofaffi Biyu, Maƙogwaro Ɗaya

Assalamu alaikum 'yan uwa masu bibiyar wannan labari. A makon jiya mun tsaya a inda muka samu ɗan gida a Koganei, yammacin Tokyo, kusa da jami'ar da Abban yara yake digirinsa na uku, da yadda hunturun farko ya kulle ni a ɗaki ba na zuwa ko nan da can. Yau zan ba ku labarin abin da ya fito da ni.

Waɗanda suka faro da ni tun daga kashin farko sun san kafin aure na yi wasan kwaikwayon rediyo a Kaduna. Sun kuma san yadda na bar shi. Dangin miji suka ce bai dace a riƙa jin muryar matar aure a teburin mai shayi da tashar mota ba, ni kuma don a zauna lafiya na ajiye. Ko a gaban yarana ban ƙara tayar da zancen ba.

Da sanyi ya lafa sai na shiga wani ajin koyon Japananci da tsofaffin unguwa suke koyarwa don sa kai. Malamata dattijuwa ce da ta yi ritaya daga koyarwa a firamare. Ita ta fara lura cewa kunnena ya fi idona. Rubutunsu yana ba ni wuya ƙwarai, amma in ta faɗi jimla, sai in mayar mata har da karin harshenta. Wata rana ta zo min da faifan fim, ta ce in je in saurara. Ta ce kamfanin da ya yi shi, Studio Ghibli, a nan garin namu yake, ina ma wucewa ta kusa da shi ban sani ba.

Fim ɗin shi ne Sen to Chihiro no Kamikakushi na Hayao Miyazaki, wanda duniya ta fi sani da Spirited Away. Ya fito a 2001, ya ci babbar kyautar bikin fina-finai na Berlin a 2002, ya ci Oscar a 2003, kuma ya tara sama da yen biliyan 30 a Japan, babu fim ɗin da ya wuce shi a ƙasar sai a ƙarshen 2020. Labarin wata yarinya ce 'yar shekara goma, Chihiro, da ta faɗa duniyar iskoki, iyayenta suka ci abincin da ba nasu ba suka rikiɗe, ita kuma dole ta nemi aiki a gidan wankan wata matsafiya don ta cece su. Sai da na kalla ni kaɗai kafin in bar 'yata ta gani, don akwai aladu da abubuwan al'adar bautarsu a ciki, kuma ina so in zama ni zan yi mata bayani. Tatsuniyarsu ce, yadda mu ma muke da Dodo da Gizo.

A lokacin Japanancina bai taka kara ya karya ba. Amma akwai wurin da wani yaro mai suna Haku ya kai Chihiro cikin lambu ya miƙa mata dunƙulen shinkafa. Ta ce ba ta jin yunwa. Ta gatsa, ta sake gatsa, sai hawaye. A zanen, manyan ɗigon hawaye ne kawai da buɗaɗɗen baki. Muryar ce ta kama ni: numfashin da ya sarƙe a maƙoshi kafin kukan ya fito, da yadda take ƙoƙarin haɗiye loma kukan yana turo ta waje. Duk wanda ya taɓa tsayawa gaban makirfo ya san kuka da ƙarfi ba wuya, wanda ake dannewa shi ne aiki. Rumi Hiiragi, wadda ta yi muryar, shekarunta ba su wuce goma sha uku ba a lokacin. Miyu Irino da ya yi Haku shi ma yaro ne sa'anta. Na dakatar da faifan na zauna ina share nawa hawayen.

Amma inda na fi daɗewa shi ne kan tsofaffin nan biyu. Yubaba, mai gidan wankan, da 'yar uwarta Zeniba tagwaye ne. An zana su iri ɗaya sak: ƙaton kai, dogon hanci, tulin furfura a ɗaure, shuɗiyar riga. Ido ba zai raba maka su ba. Kuma mace ɗaya ce ta yi su duka, Mari Natsuki, mawaƙiya kuma 'yar wasan dandamali, wadda a lokacin ko hamsin ba ta cika ba. Muryar Yubaba daga saman maƙogwaro take fitowa, da kaifi da sauri, muryar mai kuɗin da take ƙirga kowane minti na ma'aikatanta. Amma ƙaton jaririnta na motsawa a ɗaki, sai muryar nan ta narke ta koma lallashi, har ka ji tsoro a cikinta. A nan na daina ganin Yubaba a matsayin muguwa zalla. Uwa ce da neman dukiya ya busar. Ita kuwa Zeniba, a ɗan gidanta na ƙauye tana zuba shayi tana kaɗi, muryar ta sauko ƙirji, ta rage gudu, ta bar sarari tsakanin kalmomi. Tsufan ɗaya ne, ƙaiƙayin muryar ɗaya ne, amma na rufe ido na gwada, ko sau ɗaya ban rikita su ba. A ganina aikin Natsuki shi ne ƙashin bayan fim ɗin, ko da yake an fi yabon zanen.

Akwai kuma Kamaji, tsoho mai hannu shida da yake hura wutar ruwan wanka. Bunta Sugawara ne ya yi shi, mutumin da Japanawa suka sani da fitowa a fina-finan 'yan daba tun shekarun 1970. Muryar tana gurnani, amma tausayi na leƙowa ta ƙarƙashi. Malamata ta ce da gangan Miyazaki yake yawan ɗauko 'yan wasan fim, wani lokaci har waɗanda ba 'yan wasa ba, maimakon ƙwararrun masu muryar katun. A fim ɗinsa na 2013 ma wani darakta abokin sana'arsa, Hideaki Anno, ya ba muryar babban jarumin. Ta kuma nuna min shirin yadda aka haɗa fim ɗin Chihiro, inda Yasuko Sawaguchi, mai muryar uwar Chihiro, take cin soyayyar kaza a gaban makirfo don maganarta ta fito da cikakken baki.

Da na koma aji na zazzage mata duk abin da na ji, da guntun Japanancina da hannu da ka. Ta yi shiru tana kallona, sannan ta tambaye ni aikin da nake yi a ƙasarmu. Na faɗa mata. Ita ce mutum ta farko da na gaya wa tun bayan aurena.

Ashe jikarta tana makarantar koyon wannan sana'a ta yin muryar katun, seiyu suke kiran masu yin ta. Ranar da makarantar ta buɗe ƙofa ga iyaye, malama ta tafi da ni. Ɗaki ne mai allo a gaba da makirfo huɗu a jere, ɗalibai kuwa sun ninka makirfon sau da yawa. A Japan galibi zane ake fara yi, murya ta biyo baya, don haka dole ka sa maganarka ta shiga daidai buɗewar bakin da aka riga aka zana. Kowa da takardarsa a hannu ɗaya, ido ɗaya a allo. In layinka ya zo ka matso makirfon da babu kowa, ka faɗa, ka ja baya, wani ya shigo, duk ba tare da an ji takunka ba. Takalmansu masu taushi ne, tufafinsu ba sa ƙara, hatta juya shafi sai an koya. Wani lokacin zanen ma bai kammala ba, layukan fensir ne kawai da sunanka yana bayyana a allo, a haka za ka yi kukan mutuwar uwa.

Jikar malama tana aikin dare a kanti don ta biya kuɗin makaranta. Ta ce ko an ɗauke ka, sabon shiga yen 15,000 yake samu a shiri ɗaya na rabin awa, layi ɗaya ya faɗa ko ɗari, kuma masu nema sun fi guraben yawa nesa ba kusa ba. Gwanarta ita ce Masako Nozawa, wadda aka haifa a 1936, take yin muryar Goku, jarumin katun ɗin Dragon Ball, tun 1986. Da malama ta gaya mata na yi wasan rediyo, yarinyar nan ta miƙe ta rusuna min irin rusunawar da suke yi wa wanda ya riga su shiga sana'a. Na rasa abin cewa. Abin da aka sa na ɓoye kamar abin kunya, ga ƙasar da ake biyan kuɗi a koye shi, ana ba da lambar yabo a kansa duk shekara tun 2007.

Daren nan 'yata ta ce in yi mata tatsuniya. Na saba karanto mata da murya ɗaya don ta yi barci da wuri. Ran nan kuwa na ba Gizo tsamin bakinsa, na ba Ƙoƙi muryarta, na yi Kura da Sarki da 'yan fada. Yarinya ta tashi zaune tana ƙyalƙyala dariya, barci ya gudu. Ban san Abban yara ya dawo daga ɗakin bincike ba, yana tsaye a bakin ƙofa da jakarsa a kafaɗa. Da na gama ya ce, "Yanzu duk wannan yana cikinki, shekara da shekaru, ni ban taɓa ji ba?"

Na ce, "Yallaɓai, ai ba a ce in fito da shi ba."

Bai amsa ba. Ya duba agogo, ya lissafa bambancin awa takwas da ke tsakaninmu da gida, ya ɗauki waya ya kira Hajiya a Kaduna. Abin da suka tattauna, da abin da ya biyo baya, sai a kashi na 18 in Allah ya kai mu mako mai zuwa.