Bangon da bai bushe ba

Yau da safe a Jekadafari, Gombe, wani matashi mai zane da wasan kwaikwayo ya tara yara zai zana bango kan illar shaye-shaye. Kafin ya buɗe fenti sai ya ɓare ledar da ya manne a bangon tun jiya, ga raɓa a cikinta, alamar sabon filastan bangon bai bushe ba. Ya ce yau babu zane, wasa kawai za a yi. Wasu suka yi gunaguni, amma gaskiyarsa. Sabon filasta yana son kwana 28 kafin fenti. In aka yi gaggawa, danshi zai turo farin gishiri waje, fenti ya kumbura ya ɓanɓare, musamman mai mai, don ba ya barin bango ya sha iska. In ya bushe, a shafa farin fenti na shimfiɗa sau ɗaya tukuna, sannan a ja layukan murabba'i da alli a kwafi zanen takarda gida-gida, launi shafi biyu, da sassafe kafin rana ta gasa bangon.

Wasan minti 20 ne, aka watse. Ina ta tunanin zanen nan shi zai zauna da mutanen unguwa har damina ta wuce.