Na bi finafinan Curt Bois tun daga na farko har na ƙarshe

Duk wanda ya taɓa kallon Casablanca na 1942 ya ga mutumin nan ko da bai san sunansa ba, shi ne ɗan sanen da ke yi wa wani Bature nasiha wai ya yi hattara garin cike yake da ɓarayi, alhali hannunsa na cikin aljihun mutumin. Sunansa Curt Bois, haifaffen Barlin a 1901. Ni da nake ɗan taɓa dirama a unguwa kullum ƙaramin rol ake ba ni, sai na ce bari in bi aikinsa kaf in ga yadda ya yi.

Shawarata ga mai son yin irin wannan, ya bi su shekara bayan shekara, kar ya fara da waɗanda suka yi suna. In ka fara da na Amurka za ka ɗauka ɗan cike gurbi ne kawai, amma da na koma kan na Jamus irin su Der Fürst von Pappenheim na 1927, fim mara magana, sai na ga ashe babban ɗan barkwanci ne, shi ke jan fim ɗin, ga rawa ga iya sarrafa fuska, kuma tun yana ɗan shekara bakwai yake hawa dandamali a Barlin. To a 1933 Hitila ya hau mulki, shi kuwa Bayahude ne, dole ya tattara ya bar ƙasar, ya bi ta ƙasashen Turai ya sauka Amurka a 1934, daga baya ya gangara Holiwud.

Nan ne fa abin ya ba ni tausayi wallahi. Mutumin da mutane ke sayen tikiti dominsa ya koma fitowa a tela ko ma'aikacin otal ko ɗan damfara, wani fim ɗin sai na yi ta ja baya ina neman inda ya fito, ga data na ta ƙonewa. Turancinsa da harshen Jamusanci a ciki, barkwanci kuwa da yaren uwa ake yin sa. Amma ka cire sauti ka kalli hannayensa da idonsa kawai, duk horon da ya samu a fim mara magana yana nan, minti ɗaya ya ishe shi ya sace hankalinka. Wannan na ɗauka na kai wajen atisayenmu, yanzu in an ba ni layi biyu na fi damuwa da me hannuna ke yi.

Kuma ba shi kaɗai ba ne, Casablanca ɗin cike yake da 'yan gudun hijira na gaske, Conrad Veidt, ɗan fim ɗin da ya gudu daga Jamus da matarsa Bayahudiya shi aka ba rol ɗin hafsan Nazi, ka ji rashin ta ido.

Ni a ganina komawa gida ta fi gudun hijirar ba shi wahala. A 1950 ya dawo Barlin ta Gabas, ɓangaren 'yan kwaminisanci, ya yi aiki da marubucin wasan kwaikwayo Bertolt Brecht ya fito a wasansa Puntila, a 1954 ya tsallaka Yamma, can kuma aka yi ta yi masa kallon ɗan kwaminisanci, ya daɗe aiki na yi masa wuya kafin gidajen wasa da talabijin su sake neman sa. Darakta Wim Wenders ya saka shi a fim ɗin Der Himmel über Berlin a 1987, tsoho mai ba da labari yana yawo a fili yana neman dandalin Potsdamer Platz da yaƙi da katangar Barlin suka shafe, wurin da shi kansa ya sani tun yana cike da jama'a. Da wannan rol ɗin ya ci kyautar finafinan Turai a 1988, ya rasu a Barlin ranar 25 ga Disamba 1991 yana da shekara 90.