Da ƙafa a duwatsun Mae Taeng

A tsohon birnin Chiang Mai, arewacin Tailan, da wuya ka wuce shago goma ba ka ga allon masu kai baƙi yawon duwatsu ba. Hotunan duk iri ɗaya ne: giwa, ruwa na zubowa daga kan dutse, da wata tsohuwa da lofe a baki. Farashin ma kusan ɗaya ne, sai dai wani ya fi wani iya baki. Ni abu biyu ne suka sa na yi ta shiga shago ina fita: wa zai yi mana jagora, kuma me za a dafa? Da na ce ba na cin alade sai a yi murmushi a ce babu damuwa, irin babu damuwar da ke ƙara wa mutum damuwa. A wani ɗan shago kusa da ƙofar Tha Phae ne matar da ke wurin ta ɗaga waya ta haɗa ni da jagoran kai tsaye. Ɗan ƙabilar Karen ne, ɗaya daga cikin ƙabilun da ke zaune a duwatsun yankin, a ƙauyen da za mu kwana aka haife shi, kuma ya ce shi ne mai girkin, zai ware mini tukunya. Nan na biya.

Da yamma na yi magariba a masallacin Ban Haw, na Musulmin da kakanninsu suka gangaro daga Yunnan ta ƙasar Sin da ayarin alfadarai suna fatauci. A unguwar na sayi busasshen naman sa na cusa a jaka, don ko an ce da kare ana biki a gidansu, gani a ƙas ya fi.

Washegari a-kori-kura ta ɗauke mu, irin wadda ake jera wa benci biyu a baya. Abokan tafiyata Turawa ne, wasu daga Jamus, wasu daga Faransa, sai wata dattijuwa 'yar Holan wadda daga baya ta ba mu kunya a hawan dutse. Mun tsaya a kasuwar Mae Malai, jagoran ya yi cefane: kabeji, kabewa, ƙwai, awara, barkono, da ganyayen da ban san su ba. Daga nan muka kama hanya mai lamba 1095, wadda ke zuwa Pai, mai lanƙwasa sai ka ce ba za ta ƙare ba. An sauke mu a Mok Fa muka jiƙa ƙafa a gindin ruwan da ke zubowa, aka ɗauki hotuna, aka wuce. A Pong Dueat, cikin gandun dajin Huai Nam Dang, mota ta ƙare. Wurin maɓuɓɓuga ce ta ruwan zafi, ruwa na tafasa yana tsartuwa daga ƙasa, tururi da warin farar wuta sun cika ko'ina. Daga bayanta wata siririyar hanya ta miƙe ta yi sama.

Hawan farko shi ne mai cire wa mutum girman kai. Kafin mu yi nisa rigata ta jiƙe sharkaf, numfashi na fita da ƙyar, jakar da na raina a otal ta zama kaya. Jagoran kuwa silifas ne a ƙafarsa, da adda a kugu, da buhun cefane a baya, yana tafe yana fito. Ya tsaya ya sare wa kowa sandar gora. Gora a wajen mutanen nan ita ce kusan komai. Da muka zauna cin abinci a bakin wani rafi, ya yanko ɗanyar gora mai kauri, ya cika ta da ruwa, ya jingina ta a kan wuta. Bayanta ya yi baƙi, yana tsatso ruwa yana ƙara, amma ba ta ƙone ba har ruwan ya tafasa. Ya zuba ganyen shayi, ya sassare wasu gaɓoɓin ya yi mana kofuna, ya kankare bakinsu da adda don kada su yanki leɓe, ya fere tsinkaye na cin abinci. Shinkafar kuma a ganyen ayaba aka ƙunso ta. Da muka tashi babu leda ko ɗaya da aka bari a wurin.

Nan na yi alwala a rafin na haɗa azahar da la'asar. Na duba waya, alƙibla ta nuna yamma, ta ɗan karkata arewa. Mutumin da ya tashi yana kallon gabas sai ya ji abin banbarakwai, amma Makka tana yamma da Tailan, haka abin yake. Jagoran ya hana sauran wucewa ta gabana ba tare da na roƙe shi ba. Ya ce ya taɓa kai 'yan Maleshiya.

Lokacin watan Nuwamba ne, damina ta ɗauke, ana girbi. Can da la'asar sakaliya muka fito daga duhuwar daji muka faɗa wata gona a jikin gangare, tsaye sosai har mutum ya yi mamakin yadda aka shuka ta. Shinkafar tudu ce, ruwan sama kaɗai take sha. Maza da mata sun kai ashirin suna yanka da lauje, wasu suna bugu a kan tabarma. Gayya ce, yau gonar wannan, gobe ta wancan. Tsakanin shinkafar ga kabewa, ga barkono, ga gwaza, ga riɗi, ga kokwamba ta yi yaɗo. A nan ne jagoran ya buɗe baki sosai, don gonar ta ƙanin mahaifiyarsa ce. Ya ce sukan yi sassabe da rani, su ƙona, su noma wurin shekara ɗaya tak, sannan su bar shi ya huta shekara shida ko bakwai kafin su dawo. Ba sa tumɓuke kututture. Ya kai ni ya nuna mini wani da aka sare daidai kugu, ya riga ya yi toho. Daga nan ya miƙa hannu yana nuna gangaren da ke fuskantarmu: wancan saurar bara ce, wancan ta shekara uku, wancan da na ɗauka daji ne tun fil'azal gonar kakansa ce.

Rigimarsu da hukuma a nan take. Ƙauyukan sun riga gandun dajin zama a wurin, amma da aka shata iyaka sai suka wayi gari a cikinsa. Idan saura ta daɗe itatuwa suka girma, a idon ma'aikacin daji ta zama daji, wanda ya sa mata adda ya taka doka. Idan kuma aka rage shekarun hutun don gudun haka, ƙasa ta gaji, sai an nemi taki da maganin ciyawa. Sannan duk shekara daga Fabrairu zuwa Afrilu hayaƙi kan turnuƙe Chiang Mai, kuma mutanen duwatsu ne ake fara nuna wa yatsa, alhali akwai manyan gonakin masarar abincin dabbobi da su ma ake ƙonawa, a cikin ƙasar da ƙetaren iyaka. Ni dai manomi ne na gani yana lissafin ƙasarsa da shekaru, ban ga mai ɓarnar daji ba.

Mun shiga ƙauyen rana na shirin faɗuwa. Gidajen a kan dirkoki suke, na katako da gora, wasu da jinkar ganye, da yawa da kwano. Ƙarƙashin kowane gida akwai itacen girki a jere, da kaji, da alade a ɗaure, da babur. Akwai faifan sola a kan rufi, akwai ɗan coci na katako a kan tudu, don Karen da yawa Kiristoci ne, wasu kuma mabiya addinin Buda, wasu na kan al'adar kakanni. Wani Bajamushe ya ga yara sun taru a kan waya ɗaya suna kallon ƙwallo, ya ce wurin ya lalace, ba haka aka nuna masa a hoto ba. Na dube shi, kyamarar da ke wuyansa ta isa sayen babur. Ban ce komai ba, amma ban ga dalilin da zai sa a so wani ya zauna cikin duhu don hotonka ya yi kyau ba.

Abin da aka zo gani ɗin ma yana nan, ba don mu ba. A gindin wani gida wata yarinya na taka turmin ƙafa: dogon gungume ne da taɓarya a bakinsa, ta taka wutsiyarsa ya ɗaga, ta saki ya faɗa cikin turmin, uwarta na gefe tana bakace. Wata tsohuwa na zaune a ƙasa ta miƙe ƙafa, ta ɗaura masaƙa a kugu, ɗaya bakin a jikin dirka, tana ja da baya don zaren ya miƙe. Tana tauna wani ƙwallo da ganye da farar ƙasa, bakinta ya yi ja kamar na tsohuwar da ta wuni da goro. A al'adarsu budurwa doguwar farar riga take sakawa, sai ta yi aure ta koma gajeriyar riga mai launi da zane. Yanzu 'yan matan sai ranar coci ko biki suke saka farar. Na durƙusa na gaishe da tsohuwar, na ce, "Iya, sannu da aiki," jagoran ya fassara. Ta kama hannuna ta murza fatar da yatsa, ta duba yatsan, ta fashe da dariya har da tari. Na sayi mayafi a hannunta ban taya ba.

Da dare sanyi ya sauko na gaske. Jagoran ya cika alkawari: miyar kabewa da awara a tukunyata, da ƙwai, da shinkafar da aka surfa ɗazu, mai ɗan ja-ja da ƙamshi. Na fito da naman Ban Haw muka raba da maigidan. Muna zaune a bakin murhu aka shiga hira. Maigidan ya ce a ƙuruciyarsa gangaren da ke sama da su fure ne fari da ja, na ƙabilun da ke noman ofiyam, tsiron da ake haɗa hirowin da shi. A 1969 Sarki Bhumibol, sarkin Tailan na lokacin, ya kafa shirin da ya riƙa kawo wa mutanen duwatsu wasu amfanin gona a madadinsa, kofi da kayan lambu da 'ya'yan itatuwan ƙasar sanyi. Yau kofin duwatsun nan ne ake sha a shagunan Chiang Mai.

Sai maganar katin ɗan ƙasa ta taso. Jagoran yana da nasa, ya ciro ya nuna mana. Amma ya ce a ƙauyukan da ke kusa da iyakar Miyanma akwai waɗanda aka haifa a Tailan, iyayensu ma haka, kuma ba su da shi. Wanda ba shi da kati ba ya mallakar fili, ba ya zaɓe, ko fita daga yankinsu sai da takardar izini. Duniya ta ɗan leƙa wannan matsala a 2018, lokacin da aka ceto yaran nan 'yan ƙwallo goma sha biyu da kocinsu daga kogon Tham Luang a Chiang Rai: ashe kocin da uku daga cikin yaran ba su da ƙasa a takarda, sai bayan fitowarsu aka ba su. A ƙarshen 2024 majalisar ministocin ƙasar ta amince a hanzarta warware matsayin mutum sama da 480,000. Babu allon shagon da ke ambaton wannan.

Na kwana a kan tabarma cikin gidan sauro da barguna biyu, aladu na gurnani a ƙarƙashina, zakaru kuwa ba su san asuba ba, tun tsakar dare suke cara.

Da safe a bayan gari jagoran ya nuna mana wasu manyan itatuwa da aka ɗaura wa guntayen gora. Idan aka yi haihuwa, uban kan sa cibiyar jaririn a cikin gora ya ɗaure a jikin itace, daga ranar babu mai sare shi. Ya dafa wani ya ce nasa ne.

Sauran tafiyar gangara ce, gwiwa ke shan wuya. Mun wuce wani sansanin giwaye a bakin kogi. Tun da aka haramta saran katako a 1989 giwayen da ke jan gungume suka rasa aiki, su da masu kiwonsu, waɗanda da yawansu Karen ne, suka koma dogaro da baƙi. Ban hau ba, na tsaya a ba su rake. Haka kuma tun a birni na ƙi tsarin da ya haɗa da ƙauyen mata masu zobba a wuya, 'yan Kayan da suka gudo daga yaƙin Miyanma, inda ake yankar tikiti a ƙofa kafin a shiga kallon mutane.

A bakin kogin Mae Taeng aka ɗaura dogayen sandunan gora gefe da gefe, aka kafa ƙafa uku a tsakiya aka rataye jakunkunanmu. A tsaye ake tafiya, ruwa na wanke ƙafa, mutum ɗaya a gaba da doguwar sanda, ɗaya a baya. Inda ruwan ya yi ƙarfi sai jagoran ya yi ihu kowa ya tsuguna. Bajamushen nan ya faɗa ruwa, aka jawo shi, kyamararsa dai tana jaka. Mun tsaya a wani ƙauyen Lahu, mutanen da suka yi suna a farauta, amma tsayuwar ba ta kai awa ɗaya ba. Mata suka kewaye mu da warwaraye da jakunkuna, muka saya, muka tafi. Jagoranmu ba ya jin harshensu, da yaren Tailan suke magana, kuma babu gidan da aka ce mu shigo. Nan na ga bambancin zuwa gari da ɗan gari da zuwa a matsayin ayarin masu kuɗi.

A Sop Kai motar na jiranmu. Ana lodin jakunkuna ne 'yar Holan ta tambayi jagoran ko zai kai wasu ƙawayenta mako mai zuwa. Ya ce a'a, sai dai ta nemi wani. Gayyar girbi ta zagayo kan gonar mahaifiyarsa, kuma duk wanda ya ci aikin mutane bai rama ba, baɗi shi kaɗai zai yanke shinkafarsa.